Wata ko Mars? Amsar da kredi bai bari na ƙarasa ma ɗiyar yayata ba

Ɗiyar yayata da ke tarminal a wani lise can Tawa ta kira ni daren jiya, kuran ya ɗauke ina zaune ƙofar gida nan Yamai ina fifita da kwali, ta ce kawu mushenmu na fizik ya sa mu deba, wai in an ba ka kuɗi da kumbo da mutane, ina za ka fara aika ɗan adam ya je ya daɗe, wata ko duniyar Mars, kuma kowa shi zai zaɓi ɓangarensa. Ta ce kusan duk kilas ɗin Mars sunka ruga. Ban yi mamaki ba, tun da anka sayar da dutsen nan na Mars da anka tsinta yankin Agadas a 2023, mai kusan kilo 25, wanda Sotheby's ta yi gwanjonsa birnin New York watan Yuli 2025 kan dala miliyan 5 da ɗoriya, wajen miliyar 3 na sefa ke nan, har gwamnati ta buɗe bincike kan yadda anka fitar da shi, to tun lokacin kowane yaro a Nijar ya san sunan Mars. Na ce mata ɗiyata ɗauki wata. Ta ce kawu dalili? Na soma bayani ke nan kredi ya ƙare. Shi ya sa na ce bari in rubuta nan, ke ki karanta, duk wanda ke da irin wannan zaɓin shi ma ya ƙaru.

Ni ba ɗan sama jannati ba ne, aikina ɗaukar radiyo ne a asibiti, shekara da shekaru ina yawo da ɗan dozimeta, wato 'yar na'urar da ke auna hasken da jikina ya sha, maƙale ga riga, to ta nan nake kallon maganar, ta wajen radiyasiyo, wato hasken nan da ido ba ya gani amma yana ratsa nama yana taɓa ƙwayoyin jiki. Muna auna shi da wani ma'auni da ake ce ma milisiber. Ki riƙe lambobi ukun nan kawai, sauran duk a kansu za mu ɗora. Mutum na zaune gidansa bai yi komi ba, daga ƙasa da iska da abinci da sama yana shan wajen 2.4 a shekara, matsakaicin duniya ke nan. Radiyon ƙirji guda wajen 0.1 ne. Mu ma'aikata, da mu da masu haƙar uraniyom a Arlit, iyakar da anka gindaya muna ita ce 20 a shekara in anka yi matsakaicin shekara 5.

Abin da ya sa namu ya yi kaɗan haka, Allah ya yi muna rufi biyu. Akwai maganaɗisun duniya da ke karkatar da yawancin abin da ke zuwa, sannan akwai iskar da ke bisa kanmu, wadda nauyinta ya kai kamar a ce kana ƙarƙashin ruwa mai zurfin mita 10. Masu zama tashar sararin samaniya ta ƙasa da ƙasa, kilomita 400 kacal sama da mu, sun fita daga rufin iska amma suna cikin na maganaɗisu, duk da haka wata 6 da suke yi sai su dawo da abin da ya kai 80 zuwa sama da 100. Wata da Mars kuwa dukansu waje suke da rufin nan, babu ɗayansu mai maganaɗisun da ya lulluɓe shi gaba ɗaya kamar namu.

Kuma radiyasiyon can iri biyu ne, in kin gane bambancinsu kin gama rabin deba. Na farko daga rana yake, wani lokaci rana kan yi aman wuta ta watso ƙwayoyi masu yawan gaske cikin awoyi ko 'yan kwanaki. Wannan kamar hadarin ƙura ne na farkon damana, yana da muni amma kana hango shi ya taso ja daga gabas, ka kwashe shanya ka shige ɗaka ka rufe. Watan Agusta 1972 an yi wani babba ƙwarai, ya faɗo daidai tsakanin tafiya biyu ta kumbunan Amurka masu kai mutane wata, Apollo 16 da ya je watan Afrilu da Apollo 17 da ya je Disamba, da ya tarar da mutane suna yawo bisa wata da rigar nan kaɗai da sun kwanta ciwo mai tsanani, wasu masana ma na ganin zai iya kisa. Amma dai ana iya ɓuya gare shi, kumbon Orion na NASA, hukumar sararin samaniyar Amurka, an tsara shi yadda mutanen ciki za su taru tsakiya su jera buhunan kaya da ruwa kewaye da su har abin ya wuce.

Na biyun shi ne matsalar. Daga can wajen duniyoyin rana yake zuwa, daga taurarin da sunka fashe, ƙwayoyi ne masu gudun da ya kusa na haske, cikinsu har da masu nauyi irin na ƙarfe. Ba ya zuwa da hayaniya, kullum yana nan dare da rana kamar gara cikin azara, ba ka jin komi sai ranar da rufi ya rufta. 'Yan Apollo sun ba da labarin in sun rufe ido cikin duhu suna ganin wani walƙiya-walƙiya, ashe ƙwayoyin ne ke ratsa idon. Kuma abin haushi in ka ce bari in ƙara kaurin bangon kumbo da alminiyom, ƙwayar ta bugi ƙarfen ta tarwatse ta haifi wasu ƙanana da yawa, sai ka ga ribar da ka samu ba ta kai nauyin da ka ƙara ba. Ni da na saba da rigar darma a ɗakin radiyo na sha mamaki ranar da na gane darma ba ta da wani amfani can, abin da ya fi tare shi abu ne mai haidrojin da yawa, ruwa ko roba irin ta leda, ɗakunan barcin tashar sama ma da irin robar nan anka liƙe wasunsu.

To ga inda 'yan Mars za su iya kama ki in ba ki shirya ba, don haka gara ki ji daga bakina. In ana maganar zama bisa doron ƙasa, kwana guda a wata ya fi kwana guda a Mars muni. Kumbon Chang'e 4 na Sin da ya sauka ɓangaren wata da ba mu gani daga nan a Janairu 2019 yana ɗauke da na'urar aunawa ta wata jami'ar Jamus, ta auna wajen 1.4 a kwana. Motar Curiosity da ta sauka Mars a Agusta 2012 ta auna wajen 0.65 a kwana, rabi ke nan. Dalili, Mars na da 'yar iska, siririya ce ƙwarai ba ta kai kashi 1 cikin 100 na tamu ba amma tana rage wani abu, wata kuwa fayau yake babu ko ɗis. Saboda haka kar ki tashi gaban kilas ki ce wata ya fi lafiya wajen radiyasiyo haka kai tsaye, mai lambobi a kaye zai kunyata ki.

Maganar tana ga hanya da yawan kwanaki. Ita Curiosity na'urarta a kunne take tun tana cikin kumbo a hanya, kwana 253 ta yi, ta auna wajen 1.8 kowane kwana, wato kwana guda a hanyar Mars ya yi daidai da wata 9 na zaman mutum a gida. Yanzu ɗauko biki mu yi lissafi. Wata kwana 3 ne zuwa, kwana 3 dawowa. A ce mutum ya je ya yi kwana 30 can, duka-duka da hanya zai dawo da wajen 50 zuwa 60, ya zarce iyakar ma'aikaci ta shekara kusan sau uku, ba ƙaramin abu ba ne amma likita ba zai ɗora hannu a ka ba. Mars kuwa in anka yi sauri wata 6 zuwa, wata 6 dawowa, kwana 360 sau 1.8 ya ba ki wajen 650 tun ba a lissafa zama ba. Kuma ba a zuwa a juyo gobe, sai ka jira duniyoyin biyu su sake daidaita, tsarin da anka fi magana a kai zaman kwana 500 ne, shi ma wajen 320. Ki tara, kusan 1000. Ni in na sha iyakata cif kowace shekara, abin da ba na fata, sai na yi shekara 50 ina aiki kafin in kai wurin, su cikin ƙasa da shekara 3. NASA kanta iyakar da ta sa ma ɗan sama jannati duk tsawon aikinsa 600 ce, ke nan tafiya guda zuwa Mars ta keta dokar masu aika shi tun kafin ya iso gida. A lissafin da muke aiki da shi, 1000 na ƙara haɗarin mutuwa da kansa da wajen kashi 5 cikin 100, ban da yanar ido da anka fi gani ga waɗanda sunka sha da yawa, ban da zuciya da jijiyoyin jini da ƙwaƙwalwa da ake ta gwaji a kansu da ɓeraye.

Wani zai ce to ai wanda ya zauna wata ya daɗe shi ma zai kai 600 ɗin, gaskiya ne, in ya zauna fili babu kariya wata 14 sun isa. Amma a wata kana da ƙasa ƙarƙashin ƙafarka tun kwana na huɗu, kuma ƙasa ita ce maganin. Mu 'yan Adar ba sai an koya muna wannan ba, duk wanda ya kwana soron laka mai kaurin bango watan Afrilu sannan ya kwana ɗakin tol ya san bambanci. Haka ake shirin yi can, a binne ɗakin zama ƙarƙashin ƙasar wata mita 2 ko 3, ko a shiga kogunan da tsohon aman dutse ya bari, a 2024 ma masu bincike sun tabbatar da wani kogon kusa da yankin da Apollo 11 ya sauka. A Mars ma ana iya binne ɗaki, sai dai kaso biyu cikin uku na abin da za ka sha a hanya yake, kuma a hanya babu laka, duk kilon kariya sai ka ɗauke shi daga nan ka ƙona mai ka tura shi.

Bari in ɗan kauce, akwai wani a fadarmu da kullum sai ya ce ƙarya ce ba a taɓa zuwa wata ba, wai akwai ɗamarar radiyasiyo kewaye da duniya da ba mai ratsa ta ya rayu. Ɗamarar na nan, Van Allen ake ce mata, tun 1958 anka gano ta, amma 'yan Apollo cikin awoyi sunka wuce ta kuma ta gefen da ya fi sauƙi, tafiyarsu mafi tsawo duka ba ta kai kwana 13 ba, abin da sunka sha bai wuce na sikana ta asibiti guda ko biyu ba. Mai tsallake wuta da gudu da mai zama cikinta ba ɗaya ba ne. In wani ya kawo wannan a deba kar ki ɓata lokaci a kai.

Abu na biyu da ya sa na ce wata, ni a wurina ya ma fi lambobin can nauyi, shi ne ƙofar dawowa. Zuwa wata kamar mutumin Tawa ne ya je cin kasuwar Badagishiri, in ciki ya murɗa ko mota ta lalace za a san yadda anka yi ya kwana gida. Zuwa Mars ayarin gishiri ne daga Agadas zuwa Bilma, in kun shiga Tenere babu wani na fasa, gaba kawai. A Afrilu 1970 tankin oksijen na Apollo 13 ya fashe a hanya, mutum ukun nan cikin kwana 4 sunka dawo da ransu, don gida kusa ne kuma injiniyoyi na magana da su kamar a telefon, saƙo daƙiƙa ɗaya da 'yan kai yake yi tsakanin nan da wata. Wata kilomita 384,000 ne. Mars ranar da ta fi kusa wajen miliyan 55, ranar da ta yi nisa wajen miliyan 400, kuma kumbo ba ya miƙewa sak, zagaye yake, in kin mai da nisan wata kilomita 1 to hanyar Mars ta zarce Yamai zuwa Agadas. Saƙo na ɗaukar minti 3 zuwa 22 kafin ya isa, amsa ma haka, ki ce likita jini ya ƙi tsayawa ki jira har minti 44. Akwai ma lokacin da rana ke shiga tsakani a yi wajen sati 2 babu magana. Damar tashi kuwa sau ɗaya take zuwa duk wata 26, in kayan gyara sun ƙare ko magani ya lalace ko abinci ya rasa bitamin saboda daɗewa, babu kar ɗin gobe da za a ba direba saƙo.

Sai jikin kansa. Inda babu nauyi ƙashi na zubewa wajen kashi 1 zuwa 1.5 cikin 100 kowane wata a ƙugu da ƙafafu, duk da motsa jikin awa 2 da suke yi kullum, ruwan jiki na hawa kai ya matsa ma ido har ganin wasu ya canza. An san mutum na iya jure tsawon hanya, Valeri Polyakov ɗan Rasha ya yi kwana 437 a tashar Mir daga 1994 zuwa 1995, Scott Kelly ya yi 340 anka gwada shi da ɗan tagwayensa da ke ƙasa. Amma ki kalli bidiyon saukar masu dawowa daga tashar sama a Kazakistan, yawancinsu ɗaukarsu ake a ɗora kan kujera likitoci sun kewaye su. Wanda ya sauka Mars bayan wata 6 wa zai ɗauke shi? Shi ne fasinja shi ne kamasho shi ne likita. Wanda ya je wata kwana 3 kawai ya yi, da ƙarfinsa yake isa. Batun zaman kaɗaici ma an gwada shi a Mosko, anka rufe maza 6 kwana 520 daga 2010 zuwa 2011, barcin wasunsu ya rikice, alhali sun san ƙofa ce kawai tsakaninsu da gari.

Ƙura kam babu na zaɓe. Ta wata kaifi gare ta kamar garin kwalba don babu iska ko ruwan da zai goge mata baki irin tamu ta hunturu, ta cinye rigunan 'yan Apollo 17 cikin kwana 3, Harrison Schmitt ya yi ta atishawa ido ya yi ja. Ta Mars na da wani gishiri mai guba da kumbon Phoenix ya gano a 2008, kuma guguwarta kan rufe duniyar gaba ɗaya, ta 2018 ce ta kashe motar Opportunity da ke aiki da fanon sola.

Yanzu in ba Mars haƙƙinta, don in kin ƙi faɗa su za su faɗa. Kwananta awa 24 da minti 39, kusan namu, wata kuwa rana ta kwana 14 dare na kwana 14, zafi ya haura digiri 100 sanyi ya yi ƙasa da 100 ƙarƙashin sifili, shi ya sa kowa ke hanƙoron ƙuryar kudu inda akwai tuddai masu samun rana kusan kullum da ramuka masu ƙanƙara, Indiya ma kusa da can ta sauke Chandrayaan-3 a 2023. Nauyi a Mars ya fi, mai kilo 60 zai ji kansa kamar 23, a wata kamar 10. Mars na da ƙanƙarar ruwa mai yawa da iskar da ake iya tatsar oksijen daga cikinta, an ma gwada, wata 'yar na'ura cikin motar Perseverance ta fitar da giram 122 tsakanin 2021 da 2023, abin da mutum guda zai shaƙa awa 3 zuwa 4 ne kawai amma dai ta nuna ana iyawa. Kuma tambayar da ta fi kowace daɗi, ko an taɓa yin wata halitta mai rai wajen duniyarmu, a Mars za a nemi amsarta don can ne ruwa ya taɓa gudana. In mushenku cewa ya yi ina ya fi dacewa da zaman ɗan adam nan da shekara ɗari biyu, ni ma sai in yi shiru in sake tunani. Kuma in ke mai son magana ce mai tashin tsikar jiki, mafarki da jarunta, ɓangaren Mars ya fi daɗin baki, ban hana ki ba.

Amma tambayar da kika karanta mini a telefon ina za a fara ce. A nan akwai abu guda da 'yan Mars ba su da amsarsa, abu mafi nauyi da anka taɓa saukewa lafiya can tan 1 ne da 'yan kai, Perseverance ke nan, masaukin mutane kuwa ana maganar tan 20 ko fi, iskar ta yi kaurin da za ta ƙona kumbo amma ta yi siririn da laima kaɗai ba za ta tsai da shi ba, kuma har yau ko cokali guda na ƙasar Mars ba a ɗauko da kumbo an dawo da shi ba, wanda ke hannunmu sai irin na Agadas da ya faɗo da kansa. Wata kuwa mutum 12 sun taka shi tsakanin 1969 da 1972 kuma duka sun dawo.

Ranar deba ki bari su gama zuba, kar ki katse kowa, sannan ki tashi ki rubuta 600 babba a tablo, ƙarƙashinsa ki rubuta 360 sau 1.8, ki miƙa ma shugabansu alli ki ce ya taimaka ya yi lissafin da kansa. In kin ci ki kira ni, wannan karon ni zan sa kredi, ki gaida mamanki.